Matar da Ta Mayar da Saniya Cikin Ayaba

Yanzu kowa ya san Eliaichi Shayo. Duk yaron da ya iya zana maɓalli biyu a fuskar waya sai ka ji yana cika baki, wai shi ɗalibinta ne. Ƙarya suke, rabinsu ko muryarta ba su taɓa ji ba. Ana ɗaukarta a jirgi zuwa Nairobi da Kigali ta koya wa masu digiri yadda ake jera bayani don mutum ya sami abin da yake nema ba tare da ya ɓace ba. Ni na san ta tun babu mai ɗaukar wannan a matsayin sana'a, kuma ba ɗalibinta ba ne ni. Ni ne mutumin da ya kore ta daga ofis da bakinsa. Sunana Heriel Kimaro, kuma tunda ni na yi aika-aikar, gara ku ji daga wurina.

A Kibosho aka haife ta, can sama a jikin dutse, cikin kihamba ɗin ubanta, wato gonar gadon nan da ke kewaye da gida. Ita ce ta huɗu cikin 'ya'ya mata shida. Tana da shekara goma sha ɗaya idon babansu ya fara tafiya, a hankali a hankali har ya koma sai lalube. Yayyenta masu son tsari ne. Kullum sai sun share masa ɗaki sun jera kaya reras, kofuna wuri guda, takalma wuri guda, magunguna a kan kabad. Tsoho ya tashi ya yi ta lalube yana zage-zage, har wata rana ya tuttula gishiri a shayinsa. Ita Eliaichi ba ta jera komai ba. Zama ta yi a bakin ƙofa mako guda tana kallon inda hannunsa ke zuwa. In tari ya kama shi hannun ƙarƙashin matashi yake nufa, sai ta ajiye maganin a can. In zai fita bayan ƙofa yake shafawa, sai ta haɗa sanda da hula da adda a wurin. Yayyen suka ce ta mayar da ɗakin bola. Tsohon dai ya daina faɗa, ya kuma hana kowa taɓa masa kaya in ba ita ba.

Karatunta a aji huɗu na sakandare ya tsaya. Ta gangaro Moshi ta sami aiki a laburaren wata kwalejin malamai, shekara goma sha huɗu tana rubuta katunan littattafai. Sau biyu ana ba ta takardar gargaɗi, laifinta kuwa shi ne tana liƙa 'yan takardu a jikin kantoci: in cutar masara kake nema ba nan take ba, je ka kanta na tara. Daga nan wani asibitin mishan ya ɗauke ta ɗakin ajiye katunan marasa lafiya. Can ma ba ta zauna inda aka ajiye ta ba. Ta ɗauki kujera ta dasa a bakin get mako biyu tana lura da inda mutane ke ɓacewa, har masu jinya suka zaci gyaɗa take sayarwa. Ƙarshenta ta roƙi fenti gwangwani uku ta ja layuka a ƙasa, ja zuwa wurin ɗibar jini, kore zuwa wurin karɓar magani, shuɗi zuwa ɗakin haihuwa. An yi mata godiya, ba a ƙara mata ko matsayi ɗaya ba. Tana da shekara arba'in da ɗaya ta zo wurinmu.

Mu kuwa ƙungiyar manoman kofi ce ta ƙauyuka goma sha biyu, mambobi wajen dubu tara. Shekarar ce ƙananan wayoyin nan masu tocila suka shiga hannun kowa, har kakata tana ɗaure tata a bakin zane. Ni na dawo daga Dar es Salaam da digirina na kwamfuta, kaina ya fi ƙofar ofis girma. Ni da malamin gonarmu muka gina wa manoma layin tambaya. Ka danna lambar ƙungiya a wayarka, jeri ya fito, ka zaɓi ɗaya ko biyu ko uku, wani jerin ya fito, kana bi har ka iso ga amsarka. Amsoshi ɗari biyu da arba'in muka zuba, masu kyau kuwa, ba na wasa ba. Shafin farko na jera shi yadda littafi ya ce: amfanin gona na sayarwa, na ci, dabbobi, ƙwari da cututtuka, yanayi. Ranar buɗewa har akuya aka gasa sukutum da ganye a bakinta, aka sha mbege, giyarmu ta ayaba, aka tafa mini.

Wata shida bayan nan, cikin mutum dubu tara ba a samun talatin da ke danna layin a mako. Su ma ɗin yawancinsu a shafi na biyu suke kashe wayar. Ni fa a lokacin na gama yanke hukunci: manoma ne ba su waye ba. Haka nake faɗa a ofis, a mashaya, a ko'ina.

Shugaban ƙungiya, Mzee Lyimo, wato Dattijo Lyimo, tsohon hedimasta ne, ba ya maimaita magana. Ya kira ni ya ce, "Kimaro, babban taro yana watan Afrilu. In har zuwa ranar manoma ba sa amfani da abin nan naka, zan sa a yi ƙuri'a a yanke shi. Kai da duk wanda ke zaune a ɗakin nan sai ku nemi wani aikin." Saura wata huɗu ke nan. A makon ne aka kawo Eliaichi, don ta taya ni buga sababbin amsoshi, tunda a tunanina ƙarancin amsa ne matsalar.

Kwana uku ta yi tana bugawa. Rana ta huɗu ta kira ni Mangi, wato yallaɓai a wurinmu, ta ce, "Mangi, ka taɓa zama kusa da manomi yana danna abin nan?"

Dada nake ce mata, wato Yaya. Na ce, "In zauna in ga me, Dada? Ai injin yana nuna mini komai."

"Yana nuna maka inda suka tsaya. Yana gaya maka abin da suka zo nema?"

Na koma kan aikina. Ta je ta yayyanka tsofaffin kwalaye ta yi katuna sittin, kowanne da matsala ɗaya a rubuce da ɗan zane a gefe. Zanen nata abin tausayi ne, saniyarta kamar kare mai ƙaho. Ta ce in kai ta kasuwar sama a babur ranar Talata. Na kai ta ne kawai don in sami abin ba da labari.

Ta shimfiɗa zane a gindin bishiya kusa da masu ayaba, ta baje katunan. Wadda ta fara tsayawa wata tsohuwa ce, Bibi Mkunde, wato Kaka Mkunde, mai sayar da madara, bakin nan nata kuwa duk kasuwa tsoronsa ake. Muka yi mata gaisuwar manya muka ce shikamo, ta ce marahaba. Eliaichi ta ce, "Bibi, taimako nake so. Ki tara mini waɗannan, duk waɗanda kika ga tare suke ki haɗa su wuri guda. Babu daidai, babu kuskure."

Tsohuwa ta tsuguna tana karantawa da ƙyar, tana jefawa hagu da dama. Ba ta yi tari biyar ba, biyu kacal ta yi. Ayaba da kofi da magudanar ruwa da saniya da kaji gefe guda. Masara da wake da gyaɗa da birai masu ɓarna da jinkirin ruwan sama ɗaya gefen. Ina tsaye jinina yana tafasa. Da ta ɗora katin kumburin cikin saniya a kan katin ruɓewar 'ya'yan kofi, haƙurina ya ƙare. Na sunkuya na zare shi na ce, "Bibi, saniya ai dabba ce. Wurin dabbobi daban."

Ta ɗago ta kalle ni daga takalmi har gashi. Ta ce da Eliaichi, "Wannan kuma ɗan gidan wa ne?"

"Ɗan Kimaro ne, Bibi. Injiniyanmu."

"Injiniya! Sannu injiniya. Saniyar uwarka me take ci?"

Na ce, "Itacen ayaba da ciyawa."

"Kashinta ina ake kai shi?"

"Gindin ayaba da kofi."

"To ka taɓa ganin an kwance ta an gangara da ita cikin masara? Ajiye mini katina, ɗan nema." Ta fizge ta mayar. Ta dafa tari ɗaya ta ce, "Wannan na sama ne, ina buɗe ƙofa zan gan su." Ta dafa ɗayan. "Wannan na ƙasa ne, sai na yi sammako na hau mota. Yaron da ke goye ma ya san haka."

Masu ayaba suka fashe da dariya, wata har da buga cinya. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne gaskiyarta. Kowannenmu gona biyu gare shi, kihamba a sama inda aka haife shi kuma za a binne shi, da gonar masara can ƙasa a fili. Ni kaina shekara goma sha biyu na yi ina yanko wa saniyarmu ciyawa kafin in tafi makaranta. Na sani sarai. Kawai dai tun da na shiga jami'a nake ganin abin da na sani daga gida ba ilimi ba ne.

Talata huɗu Eliaichi ta yi tana wannan, da Lahadi biyu a ƙofar coci. Mutum arba'in da ɗaya suka tara katunan, talatin da shida sama da ƙasa suka raba su. Kuma ba wanda ya nemi cuta da sunanta na littafi. Abin da ido ya gani suke faɗa: ganye ya yi rawaya, 'ya'ya suna zubewa, ta ƙi cin abinci. Ta zo ta baje mini duka a tebur, gaban malamin gona da sakatare da mai shara, ta ce, "Mangi, amsoshinka ba su da laifi. Ƙofar ce ka sa a inda ba hanya. A rushe jerin a sake, tambayar farko ta zama ɗaya: sama ko ƙasa?"

A rushe! Aikin wata tara, a gaban mutane. Ban san lokacin da na miƙe ba. Na ce, "Dada, da girmanki da komai, shekara huɗu na yi a jami'a ina koyon abin nan. Ke me kika karanta? Aji huɗu da goge littattafai. An ɗauke ki ki buga takarda, to ki buga takarda. In ba za ki iya ba ga hanya nan."

 Ta kalle ni kaɗan, ta ce, "To, Mangi." Ta tattara katunanta ta ƙulle a zane, ta yi wa kowa sallama har da mai shara, ta fita. Ba ta dawo washegari ba, ba ta dawo mako mai zuwa ba. Ni kuwa na ƙara amsoshi tamanin a layin, masu dannawa suka ragu zuwa goma sha tara.

Ƙarshen Fabrairu aka yi ruwan farko. Wata Asabar da tsakar rana ina wurin mai aski a Moshi, rabin kaina a aske, wayata ta yi ƙara. Mahaifiyata ce. "Heriel, saniyar nan ta kumbura, cikinta na hagu ya yi tim, tana nishi. Likitan dabbobi ya tafi biki Arusha. Me zan yi?"

Na ce, "Mama, kwantar da hankalinki, danna layinmu. Amsar tana ciki, da hannuna na sa ta."

Can sai ga ta ta sake kira. "Abin nan tambayoyi yake mini kamar ɗan sanda! Sau uku ina shiga. Ta kwanta fa, Heriel!"

Na ce ta ba ni minti ɗaya. Na danna da kaina. Dabbobi. Shanu. Na nono ko na nama. Kiwo, ginin ɗaki, haihuwa. Babu. Na koma baya. Ƙwari da cututtuka. Na dabbobi. Masu yaɗuwa, na tsutsa, na kaska. Babu. Layin ya yanke don na daɗe. Na sake shiga, mai aski yana tsaye da almakashi yana kallona. Sai a shiga ta huɗu na same ta, a ɓoye ƙarƙashin abincin dabbobi, da wani suna na littafi da ni kaina sai da na karanta sau biyu. A ɗura mata kofin man girki, a ɗaga gabanta, a sa ta tafiya. Minti goma sha huɗu ya ɗauke ni, ni da na gina abin. Da na kira, kukan Mama na fara ji kafin maganarta.

Na hau dutse da rabin aski. Saniyar tana kwance a ɗakinta ƙafafu a miƙe, ita ce ta ba mu madarar da aka sayar aka saya mini takalmin zuwa jami'a. Kwalbar man girki tana kan kanta a kicin, taku goma daga wurin. Mama ba ta zage ni ba, da ta zage ni ma da ya fi mini sauƙi. Cewa kawai ta yi, "Ɗana, abin nan da ka gina, wa ka gina wa?" Na zauna a bakin magudanar ruwa na yi kuka, ƙato da ni, ban ji kunyar kowa ba.

Washegari bayan coci na je shingen gidanmu na tsinko ganyen isale ɗaya, na ƙulle shi. A wurinmu wanda aka kawo wa isale ba ya cewa bai yafe ba, ko me aka yi masa. Na tarar da Eliaichi a kihamba ɗin marigayi babanta, tana datsa wa saniya itacen ayaba. Na durƙusa a cikin taɓo da wandon cocina, na miƙa ganyen da hannu biyu.

Ta kalli ganyen, ta ajiye addar. "Kai, Mangi, ka cuce ni. Wata guda ina tanadin maganar da zan gaya maka, na jera ta tsaf, ka zo da ganye ka toshe mini baki." Ta karɓa. "Tashi, kana ɓata wando. Na ji labarin saniyar Mama, Allah ya mayar mata. Kuma wa ya yi maka wannan askin?"

Ta zubo mini mtori mai zafi, faten ayaba da nama, ina sha tana gindaya mini sharaɗi. Duk Talata zan zauna kusa da manomi yana danna wayar, hannuwana a ƙarƙashin cinyoyina, bakina a rufe. Ko zai ɓace sau goma ba zan nuna masa ba. Na ce na yarda. Ta ce, "Ba ka san wuyarsa ba ne shi ya sa ka amsa da sauri."

Gaskiyarta kuwa. Ban taɓa shan azaba irin ta kallon dattijo yana danna biyu alhali uku ce ba. Amma duk inda mutum uku suka ɓace a wuri ɗaya, a ranar muke sake wurin. Mako biyar muka yi a haka. Shafin farko ya koma tambaya ɗaya da zaɓi biyu. Na biyu ya tambayi mene ne, ayaba ko kofi ko saniya. Na uku ya tambayi me ka gani. Na huɗu amsa, kuma ta hana amsar ta wuce abin da za a karanta da numfashi biyu. Malamin gona ya kusa haɗiye zuciya da ya ga an datse masa bayanansa. Mun yi rigima a kan akuya ma, don wasu suna da ita a sama wasu a ƙasa. Ta ce a sa ta duka biyun. Na ce abu ɗaya ba ya zama wuri biyu. Ta ce, "A laburare ne ba ya zama, don littafin ɗaya ne. Nan me zai ƙare, Mangi, akuyar ko injin?" Muka sa ta duka biyun.

Matsalar ita ce lokaci. Kwana tara kacal kafin babban taro muka saki sabon jerin, kuma mutane sun riga sun yi fushi da layin, ba mai komawa ya duba. Masu dannawa sun ɗan ƙaru zuwa sittin. Sittin cikin dubu tara ba abin da za ka tsaya gaban Mzee Lyimo da shi ba ne.

A babban siton kofi aka yi taron, mutum ya kai ɗari biyar, wasu a benci wasu a kan buhuna. Da aka zo kan maganarmu shugaba ya karanta adadin masu amfani da layin wata bayan wata, muryarsa ba yabo ba fallasa. Sai wani dattijo, Mzee Urassa, mai tsohon kwat da ba ya rabuwa da shi ko ana zafi, ya miƙe ya ɗaga sanda. "Shugaba, me ake jira? Ni na gwada abin nan bara, ya yi ta yawo da ni kamar kwandastan da ba ya son ba da canji. Wasan yara ne. A yanke!" Sito ya ɗauka, a yanke, a yanke.  Na rungumo manyan takardun da na zana don bayani zan tashi, Eliaichi ta riƙe mini riga ta ce in ajiye.

Ita ta fita gaba, 'yar gajeruwa da ita, sai da aka ba ta akwati ta hau. Ta gaishe da iyaye, ta ce, "Ban zo in yi muku bayani ba. In har sai na yi bayani kafin ku iya, to ku yanke shi, ni ma zan ɗaga hannu. Roƙona ɗaya ne. Kowa a nan ya baro wata damuwa a gona yau da safe. Ku fito da wayoyinku, ku danna lambar ƙungiya, kowa ya nemi tasa. Ba zan ce komai ba. Shugaba, a ba mu minti biyar."

Na ce a raina shi ke nan, matar nan ta kashe mu. Mutum ɗari biyar a lokaci guda, a injin da ban taɓa gwada shi da hamsin ba! Mzee Lyimo ya kwance agogonsa ya ajiye a tebur ya ce, "Biyar."

Aka fara kwance bakin zannuwa, ana lalube a aljihu, masu tabarau suna gogewa. Sito ya yi shiru sai ƙit ƙit na madannai. Minti ɗaya. Gumi yana bin bayana har cikin wando. Minti biyu. Wata mata a gaba ta ce "Af!" ta nuna wa ta kusa da ita wayarta. Wani a baya ya yi dariya shi kaɗai. Sai ga Mzee Urassa ya miƙe, ya gyara kwat, ya sa hula, ya nufi ƙofa abinsa.

Shugaba ya buga tebur. "Urassa! Ina zuwa? Ba a yi ƙuri'a ba."

"Zauna da ƙuri'arka, Lyimo. Tsutsa tana huda mini masara a ƙasa, abin nan ya ce a zuba toka da yashi a tsakiyar ganyen, kuma kada a wuce makon nan. Motar sha biyu za ta bar ni."

"Ba kai ka ce wasan yara ne ba?"

"Da na gwada ai ba a gyara shi ba! Yanzu tambayata ya yi sama ko ƙasa, kamar mutum mai hankali."

Jama'a, sai wuri ya rikice. Wannan ya tashi zai je ya duba ayabarsa, waccan ta ɗauki jaka wai ɗan maraƙinta na zawo kuma ta ga abin yi, benci suna faɗuwa, kowa yana karanta wa na kusa da shi amsarsa da ƙarfi ba mai sauraron wani. Mzee Lyimo, mutumin da ya yi shekara talatin yana tsawata wa ɗalibai, sai da ya hau kan kujera yana ihu, "A rufe ƙofar nan! Ba mai fita sai an yi ƙuri'a! Masu son a bar layin, hannu sama!"

Hannuwa suka tashi, kowanne da waya a cikinsa. Sakatare ya fara ƙirga ya kai ɗari biyu ya ajiye biro ya ce ba zai iya ba. Mzee Urassa daga bakin ƙofa hannu biyu ya ɗaga har da sanda, aka ce ɗaya ake ɗagawa, ya ce ɗayan na matarsa ne. Da aka ce masu son a yanke, mutum bakwai ne, biyu daga ciki ma ba su ji tambayar ba. Aka buɗe ƙofa, mutane suka kwarara waje, mata suna guɗa suna taɓa kafaɗar Eliaichi in sun zo wucewa. Daɗin da na ji a ranar ban ji shi ba ko ranar da aka miƙa mini digiri.

Na kutsa na isa wurinta. Tana nan tsaye a kan akwatin ba ta motsa ba, fuskarta a sake kamar ba abin da ya faru. Na ce, "Dada, mun ci! Sauko mana, shugaba yana kiranki."

Ta sunkuyo ta ce a hankali, "Mangi, miƙo hannunka. Tun da na ce minti biyar ƙafafuna suka daina aiki."

Na miƙa mata, ta riƙe gam, tafin hannunta sharkaf da gumi. A haka muka taka har gaban teburin shugaba.